An soke belin ƙanena a Indiya, ana ce masa ya gudu ta Nefal

Assalamu alaikum Anti. Daga Kano nake rubuto miki, don Allah a sakaya sunana. Ƙanena da yake bi na yana karatu a Indiya, yana kuma 'yar sana'ar turo wa 'yan kasuwa kaya ta kago don ya riƙe kansa. Wani ɗan unguwarmu ya haɗa shi da wani mutum a can, ya karɓi katan-katan zai turo, aka ce masa kayan kwalliya ne. Da aka buɗe a wurin tura kaya sai ga tiramadol, kuma sunansa da lambar wayarsa ne a takardar. Ya yi wata 14 a tsare. Muka sayar da filin da mahaifinmu ya bari muka biya lauya, kotu ta ba da belinsa, Ba'indiyen da yake haya a gidansa ya tsaya masa. Wata 5 ke nan yana waje, bai taɓa fashin zaman kotu ba. Yanzu babbar kotu ta soke belin, wai tun farko ba a ba da shi bisa ƙa'ida ba, ta ba shi mako biyu ya miƙa kansa. Wani da ke can ya ce mu turo kuɗi masu yawa, ko ya gyara maganar ko ya fitar da shi ta ƙasar Nefal da ke iyaka da Indiya. Ƙanena kuka yake yi a waya, yana cewa gara ya mutu da ya koma ciki. Hajiyarmu tana da hawan jini, ta ɗauka magana ta ƙare, kullum tambaya take yaushe zai dawo. Maigidana ya ce ba zai ƙara sa ko kwabo ba, kuma kada in taɓa gidan gado. Anti, ta yaya za a soke belin wanda bai saɓa komai ba? In sayar da kasona in tura kuɗin?

Wa alaikumus salam ƙanwata. Allah Ya kawo muku mafita, Ya ba Hajiya lafiya. Tunda mako biyu kawai aka ba ku, bari in fara da abin da ba ya jira. Kada ki tura wa mutumin nan ko sisi, kuma kada ƙanenki ya gudu. Ki riƙe wannan tukuna, sai mu zauna mu warware sauran.

Na san abin da ya fi ɗaure miki kai. A nan gida mun saba da cewa beli haƙƙi ne, kuma dokar shari'ar laifuka ta 2015 a sashe na 162 ta ce a ba da shi sai in akwai dalilin hanawa, kamar tsoron mutum zai tsere ko zai taɓa shaidu. Dokar miyagun ƙwayoyi ta Indiya, wadda ake kira NDPS, ta 1985, ta juya wannan tsari ne gaba ɗaya a sashe na 37. Idan abin da aka kama ya kai adadin da suka ƙayyade a matsayin na fatauci, alƙali ba shi da ikon ba da beli sai an ba lauyan gwamnati damar yin suka, sannan in ya yi sukar, sai alƙalin ya gamsu da abu biyu tare. Na farko, akwai dalili mai ƙarfi na ganin cewa wanda ake tuhuma bai aikata laifin ba. Na biyu, ba a jin zai aikata wani laifi in ya fita. Ki duba nauyin sharaɗin farkon nan. Ana so alƙali, tun ba a gama jin shaidu ba, ya rubuta da hannunsa cewa ga alama mutumin nan ba shi da laifi. Shi ya sa a irin wannan shari'a zaman kaso ne aka saba gani, beli kuwa sai wanda ya yi dace.

Adadin fataucin kuma ba shi da yawa kamar yadda sunan yake nunawa. A 2018 Indiya ta sa tiramadol cikin wannan doka, kuma giram 250 ne iyakarsa. A 2020 kotun ƙolinsu ta yanke cewa nauyin ƙwayar gaba ɗaya ake aunawa, har da garin da aka haɗa ta da shi, ba sinadarin maganin kaɗai ba. Katan ɗaya ma ya wuce nan nesa ba kusa ba. Hukuncin wanda aka samu da laifi a wannan mataki ɗaurin shekara 10 zuwa 20 ne, da tarar rufi dubu 100 zuwa dubu 200. Ban faɗa miki don in tsorata ki ba. Ke ce kike riƙe da ragamar gidan nan, ya kamata ki san girman abin da ake magana a kai kafin ki taɓa sauran dukiyarku.

Yanzu ga amsar tambayarki. Soke beli iri biyu ne a wurinsu. Akwai wanda ake sokewa saboda abin da mutum ya yi bayan ya fita, ya ƙi zuwa kotu, ko ya tsorata shaida, ko ya sake wani laifin. Akwai kuma wanda kotun sama take rushewa saboda alƙalin da ya ba da shi bai bi doka ba tun asali. Na ƙanenki, bisa abin da kika rubuta, na biyun ne. A wannan irin, halin kirkin da ya nuna a waje ba ya hana rushewa, domin takardar alƙalin ake dubawa. Sau da yawa alƙalin ƙasa yakan rubuta cewa an gama bincike, an shigar da takardar tuhuma, yaron ba shi da tarihin laifi, ya daɗe a tsare, sai ya ba da beli ba tare da ya tsaya kan sharuɗɗa biyun nan ba. Kotun ƙoli ta rushe irin wannan beli a wata shari'a daga jihar Kerala a 2020, ta sake yi a 2022 a wata shari'ar da ta shafi ƙwayoyin tiramadol, inda ta ce daɗewa a tsare ko shigar da takardar tuhuma su kaɗai ba sa isa a tsallake sashe na 37. Saboda haka ki cire wa ranki cewa ƙanenki ya ɓoye miki wani abin da ya yi, ko an yi masa haka ne don shi baƙo ne. 'Yan ƙasar ma haka ake yi musu.

Ki kuma lura da abin da bai faru ba. Ba a yanke masa hukunci ba. Shari'ar tana nan inda take, kuma har yanzu masu ƙara ne za su kawo shaidu. Watannin da ya yi a tsare, da waɗanda zai ƙara, dokarsu ta ce a cire su daga cikin hukunci in har an kai ga hukunci. Wata biyar ɗin da ya yi a waje yana zuwa kotu kuwa, shi ne jarinsa mafi tsada a yau. Duk ranar da lauya zai sake neman beli, abin da zai fara nuna wa alƙali ke nan, cewa ga baƙo da aka saki bai gudu ba, aka ce ya dawo kuma ya dawo da ƙafarsa. Wannan jarin ne mai maganar Nefal yake so ku biya shi kuɗi ya ƙona.

Bari mu bi hanyar gudun mu ga inda ta kai. Da wuya a ce fasfonsa yana hannunsa, don kotu takan riƙe na baƙi. Buɗaɗɗiyar iyakar da ake ta faɗa tsakanin Indiya da Nefal ta 'yan ƙasashen biyu ce, ɗan wata ƙasa sai da fasfo da biza, kuma Najeriya tana cikin ƙasashen da Nefal ba ta ba 'yan cikinsu biza a bakin iyaka. Wato fasfon jabu za a yi masa, ko a ratsa da shi daji. Ranar da wa'adi ya cika bai zo ba, kotu za ta ba da sammacin kamo shi, a baza sunansa a filayen jirgi da iyakoki, a shelanta shi a matsayin wanda ya tsere, kuma ƙin bayyanar laifi ne mai zaman kansa. Sabuwar dokar shari'arsu da ta fara aiki ranar 1 ga Yulin 2024 ta ma ba da damar a yi wa wanda ya tsere shari'a a bayan idonsa. In aka kama shi, ba alƙalin da zai sake kallon takardar belinsa, kuma gudun kansa za a ɗauke shi alamar yana da abin ɓoyewa. Gudun gara ke nan a faɗa gidan zago. Ga kuma bawan Allahn da ya tsaya masa, wanda ba danginku ba, ba addininku ba wataƙila, ya sa hannu don ya yarda da yaron. Shi za a kira, shi za a ci tarar kuɗin da ya ɗauki alkawari. Bai kamata sakayyarsa ta zama haka ba.

Maganar gyarawa kuwa, ki tambayi kanki me zai gyara. Umarnin babbar kotu rubutacce ne, yana kan intanet, kowa zai iya karantawa. Ba magatakarda ko ɗan sandan da zai goge shi. Kotun da ta fi ta ce kaɗai za ta iya dakatar da shi. Irin waɗannan mutane suna shawagi a bakin kowace kotu a duniya, har da namu, kuma sun fi son iyalin da ke nesa, waɗanda ba sa jin yaren, waɗanda aka ba wa'adi.

To me za a yi a kwanakin nan? Yau ɗin nan ki sa a turo miki cikakken umarnin babbar kotun da kuma na kotun da ta ba da belin. Ki nemi lambar shari'ar da suke kira CNR, da ita za ki riƙa ganin ranakun zama da abin da aka yi a shafin kotunan Indiya daga wayarki, ba sai wani ya ba ki labari ba. Ki samu lauya a nan gida, ko da ɗan uwa ne, ya karanta miki umarnin ya faɗa miki a kan me aka rushe belin. Wani lokaci kotun sama takan rushe ne ta mayar wa ta ƙasa ta sake duba buƙatar bisa ƙa'ida, wani lokaci kuma takan bar ƙofa a buɗe a sake nema in shari'a ta ja. Layi ɗaya irin wannan a ƙarshen takardar yana iya canza duk lissafinku.

Akwai damar kai kuka kotun ƙoli da ke Delhi, kuma yawanci kwana 90 ake da shi. Sai dai shigar da takarda kawai ba ya tsayar da wa'adin mako biyun. Sai in kotun ƙolin ta rubuta cewa ta dakatar da umarnin. In ba ku ga wannan a rubuce ba, ranar miƙa kai tana nan daram, ko me wani ya faɗa muku a waya. Kuma ba kowane lauya ne yake da izinin shigar da ƙara a kotun ƙoli ba, akwai rukunin da aka yi wa rajista musamman don haka. Ki tambayi lauyanku ko yana cikinsu, in ba ya ciki wa zai shigar, nawa ne, a rubuce. Ki yi masa tambaya guda ɗaya kuma ki saurari amsar da kyau. Me ke cikin fayil ɗin nan da zai sa alƙali ya ce ga alama yaron bai san abin da ke cikin katan ba? In yana da amsa, zuwa kotun ƙoli yana da amfani. In ya kama kame-kame yana cewa a turo kuɗi dai, ku adana kuɗinku don shari'ar kanta.

Na tsaya kan wannan tambaya ne saboda a nan shari'ar za ta tsaya ko ta faɗi. Dokar ta ɗauka cewa wanda aka samu kayan a hannunsa ya san mene ne, shi zai nuna akasin haka. Don haka duk saƙon WhatsApp tsakaninsa da ɗan unguwarku, da saƙon murya, da rasit, da shaidar kuɗin da aka tura masa, da takardun kayan halal da ya saba turowa a baya, dukiya ce. Ladan da aka biya shi ma shaida ne. In kuɗin da ya saba karɓa a kowane katan aka ba shi, wannan yana taimakonsa. Kada a goge komai, kada a gyara komai, kada a tura wa kowa sai lauya. In kuma ya sa hannu a wata takarda lokacin da jami'ai suke tsare da shi, kada hankalinku ya tashi. Tun 2020 kotun ƙoli ta ce ba a ɗaure mutum da amsa laifin da ya yi a gaban jami'an hukumar ƙwayoyi.

Zan faɗa miki abin da wataƙila ba kya son ji. Ki tambayi ƙanenki, ku biyu kawai, ko ya sani, ko ya yi zargi ya kau da kai saboda ladan ya yi tsoka. Yara da yawa haka suke faɗawa, ba mugunta ba, kuɗin haya da na makaranta ne suke cin su. Amsarsa ba za ta cire shi daga zama ƙanenki ba, amma lauyan da aka ɓoye wa gaskiya a gaban alƙali yake jin ta, lokacin ba gyara. Kada ku yi wannan magana a rubuce ko a wayar gidan yari. Ku yi ta yanzu da yake waje, shi kuma ya maimaita wa lauyansa baki da baki.

Ƙofar da na fi sa rai da ita tana gaba, kuma haƙuri take so. A 2023 kotun ƙoli ta ba da belin wani mutum da ya haura shekara 7 a tsare shari'arsa ba ta ƙare ba, ta kuma ba wani daga jihar Odisha da ya wuce shekara 3 da rabi, tana cewa in tsarewa ta yi tsawo shari'a kuma ba ta motsi, 'yancin da sashe na 21 na tsarin mulkinsu ya bayar yana rinjayar sashe na 37. Wata 14 bai kai nan ba, gaskiya ke nan. Amma ki sa lauya ya riƙa lissafa shaidu nawa aka jera, nawa suka zo, sau nawa aka ɗage zama saboda masu ƙara. Kada ɓangarenku ya riƙa neman ɗagewa, domin jinkirin da ku kuka jawo ba ya shiga lissafi. In aka zo ga beli na gaba, ki san cewa a 2024, a shari'ar wani ɗan Najeriya da aka kama tun 2014, kotun ƙoli ta ce ba dole ne a riƙe baƙo don ofishin jakadancinsa bai ba da takardar tabbaci ba, kuma ba a tilasta masa bari a riƙa bin sawunsa ta waya.

Game da kuɗi, akwai abin da ba a cika faɗa wa iyalai ba. Dokar Indiya ta ba da lauya kyauta ta 1987 ta ba duk wanda ke tsare wannan haƙƙi, baƙo ko ɗan ƙasa, kuma kotun ƙoli ma tana da nata kwamitin. Ku rubuta wa ofishin jakadancin Najeriya da ke Delhi da hukumar kula da 'yan Najeriya mazauna ƙasashen waje, wato NIDCOM, a Abuja, da lambar shari'ar da sunan gidan yarin. Ba za su fito da shi ba, ba su da wannan iko, amma fursunan da aka san ana tambayarsa ba ɗaya yake da wanda aka manta ba.

Wannan ya kawo ni ga maigidanki. Kada ki ɗauke shi maƙiyi. Ya ga fili ya tafi, ya ga beli ya dawo baya, yanzu yana ganin gida zai bi. A kan gidan kam ina bayansa. Hajiya tana da haƙƙi a ciki, sauran 'yan uwanki ma haka, in akwai ƙanana kuwa kasonsu amana ne. Shari'ar nan tana iya ɗaukar shekaru, kuma abin da za ta ci shi ne kuɗi kaɗan-kaɗan a kai a kai, na lauya, na sabulu da abinci a ciki, na waya. Ki je masa da takardar kotun da lissafin wata-wata, ki ce shawararsa kike so kafin kuɗinsa. Namijin da ya ce ba zai sa kwabo a rami ba yakan sassauto in ya ga abu mai iyaka. Ki kuma daina ɗaukar kayan nan ke kaɗai, ki kira kawunku ko baffanku a zauna.

Hajiya kuwa a faɗa mata, kuma kafin ranar. In ya koma ciki wayarsa za ta daina shiga, zuciyar uwa ba ta buƙatar a yi mata bayani. Gara ta ji daga bakinki da ta ji a gidan biki. A zaɓi lokacin da ta sha maganinta, a samu wanda take jin nauyinsa a wurin, a ce mata kotu ta ce ya koma ya jira shari'a, ba a yanke masa hukunci ba, ana kan nema. Sannan a haɗa su a waya ta sa masa albarka. Yaron da ya shiga da addu'ar uwarsa a kunnensa ya fi wanda ya shiga yana tunanin an ɓoye mata.

Maganarsa ta gara mutuwa kada ki ɗauke ta kukan waya kawai. Ki tambaye shi kai tsaye ko yana tunanin cutar da kansa. Kada a bar shi ya kwana shi kaɗai a kwanakin nan, a samu abokin karatu ko wani daga masallacin da yake zuwa ya zauna da shi, kuma lauya ya sanar da kotu halin da yake ciki don likitan gidan yari ya duba shi. In kuna magana kada ki yi masa alkawarin zai fito wata mai zuwa. Ki faɗa masa abin da za ki iya cikawa, cewa za ki riƙa bin kowane zama, kuma ba za a daina nema ba.

Ɗan unguwarku ku bar shi tukuna. Kada a je masa da faɗa, kada a roƙe shi, kada a karɓi kuɗin rufe baki. In lauya ya ga kai rahotonsa ga NDLEA zai amfani shari'ar, sai a yi a rubuce da hujjoji.

Ranar miƙa kai ya tafi da lauyansa da wanda ya tsaya masa, tun kafin wa'adin ya cika, kuma a tabbata an rubuta a takardar kotu cewa da kansa ya zo. Kafin nan ya kwafe duk abin da ke wayarsa ya ba lauya, ya bar wayar a hannun wanda aka amince da shi, ya rubuta wa makarantarsa ya nemi a dakatar masa da karatun maimakon a kore shi, lauya kuma ya duba matsayin bizarsa don kada ƙarewarta ta zama wata tuhumar daban. Ya ba da sunanki da lambarki cikin waɗanda za su riƙa magana da shi, domin gidajen yari da yawa a can suna da tsarin ganawa ta bidiyo da ake nema ta intanet. In kin samu umarnin kotun kin ji abin da ke ƙarshensa, ki sake rubuto mini mu duba mataki na gaba.